Karan Awon Kakana

Shekaranjiya wani matashin kafinta ya zo gidana auna taga. 'Yata ce ta ga akwatunan shuka a waya, irin waɗanda ake kafawa a ƙarƙashin taga, ta dame ni sai an yi mana. Ya jingine babur ɗinsa, ya zaro tef daga aljihu, ya ja, ya duba, ya saki. Tef ɗin ya koma gidansa da 'yar ƙara, shi kuma ya rubuta lamba a waya. Duk aikin bai kai minti biyu ba. Na ce masa don Allah ya sake aunawa. Ya yi murmushi ya ce, "Hajiya, ai tef ba ya ƙarya." Sai na jawo kujera na zauna. Na taɓa jin kusan wannan maganar a bakin wani kafinta, shekaru masu yawa da suka wuce, kuma ni ce na mayar da maganarsa ƙarya.

Kakana na wajen uba kafinta ne a nan Daura. Mu jikoki Baba Tsoho muke ce masa. Rumfarsa tana can bakin kasuwa, tafiyar minti goma ce daga gida ga yaro mai sauri, ni kuwa ban taɓa zama mai sauri ba. Ƙofofi yake yi da tagogi da benci da akwatunan ajiye tufafi. Idan ka shiga rumfar, ƙanshin katakon maɗaci ne zai fara tare ka, mai ɗan ɗaci a hanci, sannan ka hango shi a sunkuye, garin katako ya yi masa fari a gira da gemu. Bai san lambobin boko ba, kuma bai taɓa ganin ya rasa wani abu ba. Da kara yake awo. Zai ɗauki karan dawa miƙaƙƙe, ya kara shi a bakin ƙofa ko taga, ya danna farcen babban yatsansa daidai inda awon ya tsaya, ya zaro wuƙa ya yanke. Mutanen Sandamu da Zango ma sun san tsarinsa. Su yanko kara a can, su ɗaura masa tsumma, su bai wa direban mota ya kawo. Bayan mako guda a mayar musu da ƙofa, ta shige gurbinta ba tare da an rage ko an ƙara ba. Abin da yake yawan faɗa shi ne, "Ido yana ruɗuwa, baki yana mantuwa, amma kara ba ya ƙarya."

Ni ce mai kai masa fura da hantsi duk ranar da babu makaranta. Shekarata tara a lokacin, kuma a cikin jikokinsa duka ni yake kira amarya. Da ya hango ni sai ya ce amarya ta sake makara, gobe zai rubuta mata takarda. Ni kuma in ce ya rubuta mana, wa yake son miji mai garin katako a gemu. Ya yi dariya har ya ajiye zarto. Yakan tara mini guntayen katako masu santsi in kai gida in yi wa 'yartsanata gado. Ina faɗa muku wannan ne don ku san ba tsoronsa nake ji ba. Son da yake yi mini nake tsoron rasawa, wannan kuwa ya fi tsoron bulala ɗaure bakin yaro.

A shekarar da nake ba ku labari, yanar ido ta fara hawa idonsa na hagu. Kowa a gida ya lura, babu dai mai faɗa. Sai ranar da ya dawo da babban yatsa a naɗe da tsumma, zarto ya taɓa shi. Mahaifina ya same shi a zaure bayan sallar la'asar. Ina bayan ƙofa ina tsince shinkafa, na ji komai. Mahaifina ya yi ta kewaye-kewaye, ya ce shekaru sun ja, ya ce abin da ake samu a gona da cinikin dabbobi ya ishi gida, ya ce hutu ba abin kunya ba ne. Baba Tsoho ya bar shi ya gama, sannan ya ce, "Na ji. Ranar da na auna aiki ya ƙi shiga, ba sai ka zo ka roƙe ni ba, da hannuna zan miƙa maka zarton. Kafin ranar nan kuwa, ka bar ni da rumfata." Mahaifina ya ce to. Duk wanda ya san tsohon ya san ba ya magana biyu.

Kakata, wadda muke kira Iya, ita ma tsufan ya kama ta, amma ta gwiwa. Da can tana da ɗan lambu a bayan ɗakinta, inda ruwan wanke-wanke yake gangarawa. Ɗoɗɗoya da na'a-na'a da barkono da albasa mai lawashi, ba ta taɓa sayen ko ɗaya a kasuwa ba. Da ciwon ya tsananta har ta daina zagayawa, aka bar mana mu yara, mu kuma muka bar wa awaki. Cikin kwana uku suka share wurin. Iya ba ta yi faɗa ba. Ta dai ce shayinta ya daina ƙanshi, ta kuma riƙa zama a bakin gado tana kallon waje ta taga.

Baba Tsoho ne ya kawo dabarar. Ya ce lokacin da yake koyon aiki a Kano yana saurayi, ya ga gidajen ma'aikata da akwatunan katako a ƙasan taga, an shuka furanni a ciki. A lokacin ya ɗauka aikin banza ne, abin da ba a ci ba a sha. Yanzu ya ga amfaninsa. Idan aka kafa wa Iya guda a tagarta, akuya ba za ta kai ba, ita kuma daga bakin gado za ta miƙa hannu ta zuba ragowar ruwan butarta. Iya ta ce, "Malam, bangon ƙasa ne fa. Zai ɗauka?" Ya ce zai ɗauka idan aka yi masa adalci. Na tsaya kusa ina saurare yana lissafa wa mahaifina. Zurfin kada ya wuce taƙi ɗaya, wato daga babban yatsa zuwa na tsakiya idan an buɗe hannu, domin saiwar ɗoɗɗoya ba ta neman fiye da haka, kuma jiƙaƙƙiyar ƙasa nauyi gare ta. Faɗin ma taƙi ɗaya. Tsawon kuwa ya ɗan ɗara tagar ta kowane gefe. A huda ƙasan don ruwa ya fita, a bar tazarar yatsa biyu tsakaninsa da bango, kada laima ta ci ginin.

Ya fara da turaku. Wasu gajerun itatuwan ƙirya ne guda biyu, kaurin kowanne yatsa biyu, ya haƙa rami a bango dama da hagu a ƙasan tagar, ya cusa su, ya liƙe da kwaɓaɓɓiyar ƙasa. A kansu akwatin zai zauna. Ya ce a ba su kwana huɗu su bushe, kafin nan ya gama aikin.

Lokacin girbi ne, amma ba a kai ga yanke dawa ba, babu busasshen kara a gida. Abin da yake akwai shi ne damin takanɗa da baffana ya kawo daga gona, an jingine shi a jikin rumbu. Baba Tsoho ya zaro wadda ta fi miƙewa. Iya ta leƙo ta taga ta ce, "Da abin sha za ka yi awo?" Ya ce, "Miƙewarta nake so, ba zaƙinta ba." Ya kara ta daga bakin wannan turke zuwa bakin wancan, ya danna farce, ya yanke. Ina tsaye ina kallo. Ya sake karawa ya duba, ta yi daidai. Sai aka yi sallama da shi a waje, wani mai aiki ne, suka wuce rumfa tare, ya manta karan a jingine.

Da hantsi Iya ta miƙo mini ƙwaryar fura da karan. Ta ce, "Ungo, kai wa mijin naki. Kada ki tsaya wasa a hanya."

Ban tsaya wasa ba. Na dai bi ta gindin tsamiyar da ke kusa da kududdufi, inda babu mutane sosai. Bakin karan, inda wuƙa ta bi, ya yi wani ɗan ruwa yana ƙyalli, ƙudan zuma guda yana ta bina. Na ce bari in lasa kawai. Wanda ya san takanɗar farkon girbi ya san lasa ba ta tsayawa a lasa. Na ɓare ɓawon da haƙori, na gatsa, na tsotse, na tofar. Sai da na duba na ga shatin haƙorana a jiki. Ina da reza a ƙulle a bakin zanena, ta fiƙe fensir. Na ajiye ƙwaryar, na tsugunna na yanke inda na ɓata. Yankan ya karkace. Na sake yankewa don ya daidaita, guntun da ya fita kuma na ga asara ce a yar, na shanye. Da na gama, abin da ya tafi ya fi faɗin tafin hannun babba. Na murza bakin karan a ƙasa don ya yi duhu, na goge bakina, na ɗauki fura. A raina na ce, kara mai tsawo haka, wa zai lura da wannan ɗan abin.

Bai lura ba. Me zai sa ya lura? Shekara arba'in karare suna zuwa masa ta hannun direbobi da 'yan aike, bai taɓa zargin ko ɗaya ba. Ya karɓa ya ce amarya ta kyauta, ya jawo wasu faffaɗan katakan maɗaci da ya daɗe yana ɓoyo a bayan rumfa. Ya ce gara ba ta son maɗaci, ɗacinsa yake korar ta. Kwana huɗun nan duk na gan shi a kan aikin. Ya huda ƙasan da jan ƙarfe, ya shimfiɗa guntun tsohon kwanon rufi a ciki, ya shafe wajen da baƙin mai. Har wani ɗan zane ya sassaƙa a gaban, irin na ƙwarya, wai don Iya. Kowace rana nakan ce yau zan faɗa. Kowace rana sai ya tsokane ni, in rama, mu yi dariya, in dawo gida da maganata a ciki.

Ranar kafawa, bayan la'asar, mahaifina ya ɗauko akwatin a ka. Maƙwabta biyu suka shigo kallo, don ba a taɓa ganin irinsa a unguwar ba. An riga an haɗa ƙasa da takin awaki a kwando, amma Baba Tsoho ya ce ba a zuba ƙasa sai an gwada. Iya tana ciki, fuskarta a taga. Baba Tsoho ya kama gefe guda, mahaifina ya kama ɗayan, suka ɗaga. Gefensa ya zauna a kan turke. Na mahaifina ya rasa abin hawa. Suka matsa da shi tsakiya, sai akwatin ya zurma tsakanin turakun biyu, mahaifina ya tare shi da gwiwa.

Baba Tsoho ya ce a kawo karan. An taho da shi a cikin akwatin. Ya kara shi a jikin akwatin, ya yi daidai, ko gashi bai shiga tsakani ba. Ya kara shi a turaku, ya gaza. Ya shafa bakin da yatsa, ya ji yanka ne sumul. Ya juyo ya dube ni.

"Amarya, wannan ne karan da aka ba ki?"

Na ce, "Shi ne."

Ban yi ƙarya ba, haka na yi ta faɗa wa kaina shekaru. Shi ne mana. Amma ni na sani, ku ma kun sani.

Ɗaya daga cikin maƙwabtan ya so ya rufa masa asiri, ya ce ai ɗanyen kara ne, ya bushe ya tsuke. Baba Tsoho ya ce kara a kauri yake tsukewa, ba a tsawo ba. Mahaifina ya ce abin ai mai sauƙi ne, a cire turke guda a matso da shi, gobe an gama. Tsohon ya ce, "Turke dai a matso da shi. Idon da ya ga nan ya yanka can fa, ina za a matsar da shi?" Bai ɗaga murya ba. Ya jingine karan a bango, ya karkaɗe hannunsa, ya fita.

Washegari da safe ya je rumfa, bai daɗe ba ya dawo da buhu a kafaɗa. Zarto da gizago da guduma da gwangwanin ƙusoshi. Ya ajiye a gaban mahaifina a zaure. Mahaifina, wanda shi ya fara neman hakan, ya shiga ba shi haƙuri, ya ce kuskure ɗaya ba ya kashe sana'a. Baba Tsoho ya ce alkawari ya yi, kuma gara ya gano a tagar matarsa da ya gano a ƙofar wani. Ina tsaye da ƙwaryar fura a hannu, ban san inda zan kai ta ba.

Mahaifina ya matso da turken, aka kafa akwatin. Kuma ya yi kyau, wannan ne abin da ya fi ci mini rai. Ɗoɗɗoya ta fito ta yi duhu, na'a-na'a ta zubo ta gefe, awaki suna miƙewa da ƙafa biyu suna komawa haka nan. Iya ta samu abin yi, shayinta ya dawo da ƙanshinsa. Shi kuwa Baba Tsoho ya mayar da gindin tagar wurin zamansa. Ya shimfiɗa buzu, ya jingina da bango, carbi a hannu, daga hantsi har inuwa ta kauce. Inda aka cire turken farko an liƙe da sabuwar ƙasa, launinta ya bambanta da na bangon. Sau da yawa nakan ga ya ɗaga hannu sama ba tare da ya waiwaya ba, ya laluba wurin, ya auna tazarar da yatsunsa, ya sauke hannun. Mutumin da bai taɓa zama ba, zama ya fara cin sa. Kafaɗunsa suka zube, hannuwansa suka yi laushi. Masu kawo karare daga ƙauye suka zo sau ɗaya, sau biyu, suka daina. Yana kirana amarya har lokacin, amma ya daina barazanar rubuta mini takarda.

Na yi shiru damina ɗaya da rani biyu. Kullum abin yana ƙara nauyi, kullum faɗarsa tana ƙara wuya, domin yanzu ba shan takanɗa kaɗai zan amsa ba, har da duk kwanakin da na bar shi a zaune. A tsakanin nan yanar ta rufe idon hagu, ta kama na dama. Ya kai sai an riƙe masa hannu zuwa zaure.

Wata ranar Juma'a da hantsi, gida babu kowa sai Iya tana barci a ciki, na kai masa fura a gindin tagar. Na durƙusa na faɗa masa komai. Tsamiya, ƙudan zuma, reza, yanka biyu, ƙasar da na murza. Ina faɗa ina kuka, majina da hawaye. Na jira ya zage ni, ko ya kira mahaifina. Da ya yi hakan da na ji sauƙi.

Ya saurara har na gama. Sannan ya laluba ya dafa kaina, ya yi 'yar dariya.

"Wa ya tsara miki wannan, Iya ko mahaifinki?"

Na rantse babu wanda ya aiko ni.

Ya ce, "To ke kika tsara da kanki, lallai amarya ta girma. Allah ya yi miki albarka, kin ji tausayin tsoho. Amma dubi idon nan." Ya buɗe su sosai ya fuskance ni, duk sun yi fari. "Wannan ne zai yanka kara daidai? Ƙaryar tausayi ma ƙarya ce, kada ki saba da ita. Miƙo mini furar."

Na sake gwadawa bayan kwana biyu, ya ce in na ƙara zai yi fushi. Da na faɗa a gindin tsamiya, ko a rumfa, ko ranar da ya tambaye ni a gaban mutane, da dariya za a yi, a ɗan ja mini kunne, a ce kwaɗayi mabuɗin wahala, ya yanko wani karan. Wataƙila da ya ƙara shekara ɗaya a rumfarsa, wataƙila biyu, ban sani ba. Amma da idon ne zai sauke shi a lokacinsa, ba ni ba. Na kawo gaskiyata a lokacin da babu sauran mai saye. Ya rasu kafin girbin shekarar, Allah ya jiƙansa, yana ganin aikinsa na ƙarshe shi ne wanda ya ɓata.

Yanzu gidan nan an rushe shi an yi na bulo, tagogin duk gilashi ne da ƙarfe. Inda rumfarsa take ana sayar da kayan waya. Ban san kafinta ko ɗaya a Daura da yake karɓar awo da kara ba, kowa da tef ɗinsa, lamba kuma ta waya ake turawa, babu yarinyar da za a aika ta bi ta gindin tsamiya. Ban ce hakan bai fi ba. Har yau idan girbi ya zo 'yan'uwa sukan kawo mini takanɗa daga gona, in karɓa in gode, in raba wa yaran unguwa. 'Yata tana ɗauka haƙorana ne ba sa so.

Matashin nan ya sake aunawa don ya faranta mini, lambar ta fito yadda ta fito da farko. Jibi zai kawo akwatin, na kuma ce masa ɗoɗɗoya zan shuka, ba furanni ba. Iya da mahaifina da maƙwabtan nan biyu duk sun tafi da abin da suka gani ranar. Wanda na faɗa wa bai yarda ba. Shi ya sa nake faɗa muku, ku da ba ku san shi ba, ko Allah zai sa ku yarda. Ina tsaye a wurin lokacin da ya kara karan a turaku ya yanke, na kuma ga ya sake karawa. Awon kakana daidai yake.